Yadda Ake Gina Sana'ar Manhajar Rubuta Bayanan Zama Ga Likitocin Halayyar Ɗan'adam

Likitan da ke jinyar mutane ta hanyar zantawa, ko masanin halayyar ɗan'adam ne ko mai ba da shawara kan lafiyar ƙwaƙwalwa, aikinsa biyu ne. Na farko shi ne wanda kowa ya sani: ya zauna da mutum na minti 50 ya saurare shi. Na biyu kuwa sai majinyaci ya fita ake fara shi: rubuta bayanin abin da ya gudana, cike takardun inshora, tura rasit, tuna wa mutum ranar dawowarsa. A Amurka, inda kamfanonin inshora ke biyan kaso mai yawa na kuɗin irin wannan jinya, bayanin zama shi ne shaidar da ake dubawa. Idan bai cika ba, kamfani na iya ƙin biya, ko ya dawo daga baya ya karɓe kuɗin da ya riga ya bayar. Likitan da ya ga mutum 6 a wuni, ko minti 10 kowane bayani ya ci masa, sa'a guda ta tafi, kuma yawanci da dare ake biyan wannan bashin, bayan yara sun yi barci.

Wannan wahalar ce ta buɗe kasuwa ga manhajojin ƙirƙirarriyar basira masu sauraren zama su fitar da daftarin bayani. Manyan asibitoci suna da nasu, tun da Microsoft ya sanar da sayen kamfanin Nuance kan dala biliyan 19.7 a 2021, ga kuma irin su Abridge da Nabla. A ɓangaren jinyar zantawa akwai Mentalyc, Upheal, Blueprint da Eleos Health. Kasuwa ce ƙarama idan aka kwatanta da ta asibitoci, amma masu sayen suna biya duk wata, kuma mutum ɗaya ne ke yanke shawarar saye, ba kwamiti ba.

Abin da nake so ya zauna maka tun yanzu shi ne fasahar ta yi arha. Duk mai iya rubuta manhaja zai haɗa injin sauraro da injin taƙaitawa cikin mako guda. Abin da likita ke biya shi ne amana: cewa sirrin da aka faɗa masa cikin hawaye ba zai fita ba, kuma takardar da zai sa wa hannu ba ta ƙunshi abin da ba a faɗa ba. Duk matakan da ke ƙasa a kan wannan suka ginu.

Mataki na 1: Ka koyi takardar kafin ka taɓa kwamfuta

Masu shigowa wannan sana'a daga ɓangaren fasaha sukan ɗauka bayanin zama taƙaitaccen labarin hira ne. Ba haka ba ne. Takarda ce mai tsari, kuma tsarin ba ɗaya ba ne.

Mafi shahara shi ne SOAP, wanda ya samo asali daga aikin likita Lawrence Weed a shekarun 1960. Kashi 4 ne: abin da majinyaci ya faɗa da bakinsa, abin da likita ya gani da idonsa, fahimtar da likita ya yi wa lamarin, sai shirin abin da za a yi gaba. Akwai DAP, wanda ya haɗe kashi biyun farko wuri guda. Akwai BIRP, mai bin halin da majinyaci ya nuna, dabarar da likita ya yi amfani da ita, yadda majinyaci ya karɓe ta, da shirin gaba. Cibiyoyin kula da lafiyar ƙwaƙwalwa na al'umma sun fi son wannan na ƙarshe, domin yana nuna wa mai biyan kuɗi cewa an yi aiki, ba hira kawai aka sha ba.

Sai ka san abin da mai bincike na inshora ke nema. Yana so ya ga zare ɗaya ya ratsa fayil ɗin gaba ɗaya: cutar da aka gano a zaman farko, manufofin da aka rubuta a shirin jinya, sannan kowane bayanin zama ya nuna an taɓa ɗaya daga cikin manufofin nan. Yana duba lokaci, domin lambar cajin kuɗi da minti take tafiya: 90832 na zaman minti 16 zuwa 37 ne, 90834 na minti 38 zuwa 52, 90837 kuma na minti 53 zuwa sama, sannan 90791 na zaman tantancewa na farko. Manhajar da ba ta rubuta lokacin farawa da na tashi ba ta bar likita cikin haɗari. Haka kuma ka san ma'aunan da ake yawan cikewa, PHQ-9 na tsananin damuwa da GAD-7 na fargaba, domin makinsu yakan shiga bayani.

Akwai wani bambanci da ya kamata ka riƙe da kyau. Dokar sirrin lafiya ta Amurka, HIPAA, wadda aka yi a 1996, ta raba takardu biyu. Bayanin ci gaban jinya yana cikin fayil ɗin majinyaci. Inshora na iya nemansa, majinyaci na iya karantawa, kotu na iya kiransa. Amma rubutun da likita ke yi don kansa, na tunaninsa da nazarin zancen da aka yi, yana da kariya ta musamman muddin an ajiye shi daban, kuma ba a bayar da shi sai da izini na musamman. Ma'anar wannan gare ka ita ce bayanin da manhajarka za ta fitar bai kamata ya zama irin rubutun akawun kotu ba, mai kwashe duk abin da aka furta. Idan mace ta faɗi sunan wanda ya ci zarafinta, ko mutum ya ambaci abin da ya aikata shekara 20 da suka wuce, ƙwararren likita yakan rubuta cewa an tattauna wani lamari na baya mai ciwo, kuma an yi amfani da dabara kaza. Ba ya sa suna, ba ya ba da labarin. Ciki ba don tuwo kaɗai aka yi shi ba, kuma manhaja mai kyau a wannan fage ana gane ta ne da abin da ta bari ba ta rubuta ba.

Hanyar koyon duk wannan ɗaya ce: ka zauna da likitocin. Ka nemi kamar 20, ka tambaye su yadda suka rubuta bayanin jiya, a ina, da ƙarfe nawa, bayanai nawa ne suka taru musu ba su rubuta ba. Kada ka nemi su nuna maka fayil na gaskiya. Ka roƙe su su ƙirƙiri majinyaci su rubuta masa bayani a gabanka. Daga cikinsu ka ɗauki ɗaya mai lasisi ya zama abokin aikinka na dindindin, da albashi ko da kaso a kamfani. Ban ga yadda za a yi wannan sana'a da mutunci ba tare da irin wannan mutum a ciki ba.

Mataki na 2: Ka ƙuntata kasuwarka

"Manhaja ga duk likitocin halayya" ba kasuwa ba ce gare ka, domin waɗanda suka riga ka sun cika ta. Ka zaɓi rukuni ɗaya da manhajojin gama-gari ke ba wa wahala. Masu sasanta ma'aurata suna da muryoyi 3 a ɗaki, kuma dole a san wa ya ce me. Masu jinyar yara ta hanyar wasa, yawancin abin da ke faruwa a ɗakinsu ba magana ba ne. Masu zaman rukuni suna buƙatar bayani daban ga kowane mutum, ba tare da sunan wani ya faɗa fayil ɗin wani ba. Cibiyoyin masu fama da shaye-shaye suna ƙarƙashin ƙarin ƙa'idar tarayya, 42 CFR sashe na 2, mai tsauri kan bayar da bayanai. Ɗalibai masu neman lasisi dole mai kula da su ya duba bayaninsu ya sa hannu. Akwai kuma likitocin da ke zama da majinyaci da Sifaniyanci ko Larabci amma dole su rubuta bayani da Turanci. Ka ɗauki ɗaya, ka san shi fiye da kowa.

Mataki na 3: Doka, kafin layin farko na manhaja

A nan zan daɗe, domin nan ne kamfani ke rayuwa ko ya mutu.

A Oktoban 2020 aka gano cewa an yi wa Vastaamo kutse, wani kamfanin cibiyoyin jinyar zantawa a ƙasar Finland. Bayanan zama na mutum kusan 33,000 aka sace, kuma ba a kulle suke ba. Mai kutsen ya nemi kamfanin ya biya shi, da aka ƙi sai ya koma kan majinyatan ɗaya bayan ɗaya, yana aika musu saƙo cewa su biya Yuro 200 ko ya wallafa abin da suka faɗa wa likitansu. Kamfanin ya durƙushe a farkon 2021, a Afrilun 2024 kuma kotu ta yanke wa mutumin ɗaurin shekara 6 da wata 3. Ɗaurin bai mayar wa kowa da sirrinsa ba. Idan aka sace katin banki ana soke shi a ba ka sabo, amma abin da mutum ya faɗa game da aurensa ko ƙuruciyarsa ba a soke shi. Irin wannan kayan za ka ɗauka, sai ka san nauyinsa.

Idan kwastomominka a Amurka suke, HIPAA ta ɗauke ka a matsayin abokin hulɗar likita mai riƙe masa bayanai, kuma dole ku sa hannu a yarjejeniyar da ake kira BAA kafin ka karɓi ko kalma ɗaya ta majinyaci. Yarjejeniyar ba a kanka take tsayawa ba. Duk kamfanin da bayanin zai ratsa ta hannunsa, kai ma sai ka yi irinta da shi: mai rumbun ajiya, mai injin sauraro, mai injin rubutu, har da mai manhajar da ke tattara maka rahoton kurakurai idan rubutun majinyaci na iya faɗawa ciki. Amazon, Google da Microsoft suna sa hannu a kan rumbunansu, manyan kamfanonin ƙirƙirarriyar basira ma suna yi ga kwastomomin kasuwanci da suka cika sharuɗɗa. Asusun kyauta da kowa ke hira da shi ba ya cikin wannan, kada ka kusance shi da bayanin majinyaci. Ka tabbatar a rubuce cewa ba za su horar da injinsu da bayananka ba, kuma ka san kwana nawa suke riƙewa. Idan aka yi maka kutse, doka ta ba ka iyakar kwana 60 ka sanar da likitan, yarjejeniyoyi da yawa kuma sukan rage wa'adin sosai.

Shafin tallanka ma wuri ne na haɗari. A 2023 hukumar kasuwanci ta tarayyar Amurka, FTC, ta sa BetterHelp ya biya dala miliyan 7.8 saboda ya miƙa wa irin su Facebook da Snapchat bayanan masu amfani da shi don talla, bayan ya yi alkawarin sirri. Kada ka sa na'urar bin sawu ta 'yan talla a duk shafin da ake shiga da kalmar sirri.

Sai izinin ɗaukar murya. Jihohi irin su California, Florida, Pennsylvania da Washington suna buƙatar amincewar duk wanda ke cikin zancen kafin a naɗa. Jihar Illinois kuma ta yi doka a Agustan 2025 wadda ta hana ƙirƙirarriyar basira yin jinya ko yanke shawarar jinya da kanta, ta bar mata aikin ofis da taimakon rubutu, ta kuma ce idan za a naɗi zama ko a mayar da shi rubutu sai an sanar da majinyaci a rubuce ya amince. Tarar ta kai dala 10,000. Shawarata ita ce ka ɗauki dokar da ta fi tsauri ka gina a kanta ga kowa. Ka sa manhajar ta ƙi fara naɗi sai likita ya tabbatar da izinin wannan majinyacin, ka kuma ba shi samfurin takardar izini cikin harshe mai sauƙi, mai faɗin abin da ake naɗa, inda yake zuwa, yaushe ake goge shi, da cewa wanda ya ƙi ba zai rasa komai a jinyarsa ba.

Turai da Birtaniya suna da nasu. Dokar GDPR, wadda ta fara aiki a Mayun 2018, ta sa bayanan lafiya cikin rukuni na musamman, tana buƙatar a sanar da hukuma cikin sa'a 72 idan an yi kutse, tararta kuma na iya kaiwa Yuro miliyan 20 ko kashi 4 cikin 100 na cinikin kamfani a duniya. Hukumar lafiya ta Ingila, NHS, ta fitar da jagora a Afrilun 2025 kan manhajojin sauraren likita, inda ta nuna cewa wadda ke taƙaita zance sai an yi mata rajista a matsayin na'urar asibiti. Saboda haka kada ka buɗe ƙasashe biyu a lokaci guda. Ka zaɓi ɗaya, ka ɗauki lauya na can.

Wanda zai gina daga Kano ko Kaduna ko Yamai ya sayar a Amurka yana da ƙarin abin lura. Ka ajiye rumbun a ƙasar kwastoma, domin wasu kwangiloli sun hana fitar da bayanai waje, jihar Florida ma ta yi doka a 2023 da ke neman a ajiye bayanan lafiya na kwamfuta a Amurka ko Kanada. Ka tsara aikin ta yadda kai da ma'aikatanka ba ku iya buɗe rubutun majinyaci ko kun so. Idan kwastoma ya tambaye ka inda kake zaune, ka faɗa masa gaskiya, ka nuna masa wannan tsarin.

Mataki na 4: Ginin kansa

Ka ba likita hanyoyi 3 na shigar da bayani. Ta farko, manhaja ta saurari zaman kai tsaye, a ɗaki ko ta bidiyo. Ta biyu, bayan majinyaci ya fita likita ya yi magana na minti 2 ko 3 yana faɗin abin da ya gudana, manhaja ta tsara shi. Ta uku, ya rubuta 'yan kalmomi a gaggauce ta faɗaɗa su. Ni da ta biyu zan fara. Ba a naɗar muryar majinyaci, kuɗin sarrafawa kaɗan ne, kuma likitoci da yawa da ba za su taɓa yarda a kunna makirufo a ɗakinsu ba za su karɓe ta. Mutumin da ya san ana naɗarsa yakan tauna magana kafin ya faɗa, alhali jinyar ta dogara ne da ya saki jiki.

Idan ka zo kan sauraro kai tsaye, ka san raunin injinan. Whisper, injin mayar da magana rubutu wanda kamfanin OpenAI ya saki a Satumban 2022 kuma kowa na iya ɗora shi a kan na'urarsa, shi ne ginshiƙin manhajoji da yawa. Wani bincike da masana daga jami'o'in Amurka suka wallafa a 2024 ya gano cewa kusan kashi 1 cikin 100 na rubutun da ya fitar a gwajinsu ya ƙunshi jimlolin da ba wanda ya furta, kuma kashi 38 cikin 100 na waɗannan ƙage-ƙagen masu cutarwa ne, kamar maganar tashin hankali. Abin ya fi faruwa inda mai magana ke yin dogon shiru. To, ɗakin jinya gidan shiru ne. Mutum yakan yi minti guda bai ce uffan ba, yana kuka ko yana tattara kansa. Don haka ka sa wani mataki a gaba mai gano inda babu magana ya yanke shi kafin sauti ya isa injin, ka kuma gwada injinka musamman da sauti mai dogon shiru, da kuka, da raɗa.

Daga rubutun hira zuwa daftari, ga ƙa'idodin da ba na sassautawa a kansu. Kowace jimla a daftari ta kasance likita na iya taɓa ta ya ga daga ina aka ɗauko ta. Abin da ba a faɗa ba a bar gurbinsa fili. Injin rubutu yana son cike gurbi, zai iya rubuta cewa majinyaci ya zo da tsafta kuma yana haɗa ido, alhali sauti kawai ya ji. Mafi haɗari shi ne ya rubuta cewa majinyaci ya musanta tunanin kashe kansa alhali ba a yi tambayar ba, don kawai ya saba ganin jimlar a irin waɗannan takardu. Wannan layin likita ne kaɗai zai cike shi da hannunsa. Idan kuma an ambaci cutar da kai ko cutar da wani a zaman, manhaja ta ɗaga masa wurin ya gani, hukuncin ya rage nasa. Tun shari'ar Tarasoff a California a 1976, nauyin kare wanda majinyaci ya yi wa barazana yana wuyan likita, ba na'ura ba. Kada manhajarka ta sa wa kowa sunan cuta, kada kuma ta tura bayani cikin fayil sai mai lasisi ya karanta ya sa hannu.

Sai gogewa. Sauti ya tafi da zarar daftari ya fito. Rubutun hira ya tafi bayan an sa hannu, ko bayan 'yan kwanakin da likita ya zaɓa. Abin da ba ka ajiye ba ɓarawo ba zai sata ba, kotu ma ba za ta ce ka kawo ba. Za a zo maka da shawarar ka tara sautukan nan don horar da injinka, a ce nan ne dukiyar kamfani take. Ka ƙi. Abin da ya rage a rumbu a kulle shi, a kan hanya da kuma inda yake ajiye, shiga asusu ya zama da mataki biyu, kuma a riƙa rubuta wa ya buɗe me da yaushe.

Mataki na 5: Gwaji ba tare da majinyaci ba

Ka ɗauki 'yan wasan kwaikwayo ko ɗaliban fannin su yi zaman ƙarya da abokin aikinka mai lasisi. Ka sa tarko a ciki da gangan: sunan magani mai wuyar faɗa, mutumin da ya ce "ƙanwata ce ta yi yunƙurin, ba ni ba", wanda ya faɗi abu ya janye daga baya, mata da miji suna katse juna. Likitoci 2 su duba kowane daftari, kowa shi kaɗai, su ƙirga abu 3: abin da aka ƙaga, abin muhimmi da aka bari, da sirrin da bai kamata ya shiga ba. Ka adana wannan tarin gwajin, duk ranar da ka canza inji ko umarnin da kake ba shi ka sake bi ta kansa, domin gyaran wuri ɗaya yakan ɓata wani. Bayan nan ne za ka ba likitoci 5 zuwa 10 su gwada da izinin majinyatansu. Ma'aunin da zai gaya maka gaskiya shi ne minti nawa likita ke ɗauka daga buɗe daftari zuwa sa hannu. Idan gyaran ya kai tsawon rubutawa da hannu, ba ka da abin sayarwa tukuna.

Mataki na 6: Lissafin kuɗi

Ka yi wannan lissafin da biro kafin ka sa farashi. Likita mai zama 25 a mako yana da kusan zama 100 a wata, wato minti 5,000 na sauti. A farashin da OpenAI ya sa wa Whisper, dala 0.006 kowane minti, dala 30 ke nan a kan mutum ɗaya, tun ba a zo kan injin rubutu da rumbu da kuɗin karɓar kati ba. Manhajojin da ke kasuwa yawanci suna tsakanin dala 20 zuwa 100 a wata. Ka ga wanda ya sa dala 29 ya ce a yi ba iyaka, kwastomansa mafi ƙwazo shi ne zai karya shi. Mafita ita ce ka yi farashi hawa-hawa bisa yawan bayanai, ka sa hanyar magana bayan zama ta zama mai arha, sannan idan kwastomomi sun yi yawa ka ɗora injin sauraro a kan na'urorin da ka yi haya. Ka ware kuɗin lauya, inshorar kutse, masu gwada tsaron manhaja daga waje, da binciken tsaron bayanai da ake kira SOC 2, wanda cibiyoyi masu likitoci da yawa za su tambaye ka kafin su saurare ka. Waɗannan sukan fi kuɗin fasahar a shekarar farko.

Mataki na 7: Aikin ofis da haɗuwa da manyan manhajoji

Kusan kowane likita mai zaman kansa a Amurka yana da manhajar da ke riƙe masa fayil da jadawali da caji, irin su SimplePractice, TherapyNotes ko Jane. Ba zai bar ta saboda kai ba. Ka sauƙaƙa masa kwashe bayani daga wurinka zuwa can, kashi-kashi yadda gurabunsu suke. Aikin ofis da za ka ƙara shi ne wanda ke fitowa daga bayanan da ka riga ka riƙe: daftarin shirin jinya, taƙaitaccen tarihin zaman baya da zai duba kafin majinyaci ya shigo, wasiƙar tura majinyaci wurin wani likita, takardar sallama, da tunatarwa cewa lokacin sabunta shirin jinya ya yi. Tura takardun neman kuɗi ga inshora kuwa sana'a ce mai zaman kanta, ka bar ta sai ka yi ƙarfi.

Ka kuma sani cewa waɗannan manyan sun riga sun sa nasu mai rubuta bayani a cikin manhajojinsu. Nan ne ƙuntata kasuwa ke cetonka: su suna yi wa kowa, kai kuma ka san takardar masu zaman rukuni ko masu jinyar yara fiye da su.

Mataki na 8: Sayarwa

Likitocin nan ba sa saye saboda talla, daga bakin abokan aikinsu suke ji. Suna da ƙungiyoyin jiha, tarukan ƙaro ilimi da lasisinsu ke wajabta musu, da zaman tuntuɓar juna. Abokin aikinka mai lasisi shi ne zai shiga waɗannan wurare, ya koyar da yadda ake rubuta bayani mai tsayuwa a gaban mai bincike, ko yadda ake neman izinin majinyaci. Ka yi shafi guda mai amsa tambayoyin da kowa zai yi, cikin gajerun jimloli: ina sauti yake zuwa, yaushe ake goge shi, wa ke iya gani, ana horar da inji da shi ko a'a, me zai faru da bayanai idan aka sayar da kamfanin ko ya rufe. Bayan ka samu masu zaman kansu kamar 50 da suka zauna, ka nufi cibiyoyi masu likitoci 10 zuwa 30, inda mai cibiya ke fama da bayanan da ba a rubuta a kan lokaci ba, kuma sa hannunsa ɗaya ya kawo maka masu biya da yawa. Ka riƙa duba waɗanda suka daina biya a wata na 2 da na 3, ka kira su ka ji dalili.

Idan a gida kake so ka sayar

A Nijeriya lissafin ya bambanta. Masana halayya masu zaman kansu kaɗan ne, yawancin majinyata daga aljihunsu suke biya, don haka matsin inshorar da ke tura likitan Amurka saye babu shi sosai. Masu sayen da za ka duba su ne asibitocin ƙwaƙwalwa irin na tarayya da ke Barnawa a Kaduna, Kware a Sakkwato da Maiduguri, cibiyoyin gyaran masu shaye-shaye, da ƙungiyoyin agaji masu ba da tallafin tunani a Arewa maso Gabas, waɗanda ke da rahotanni da yawa da za su cike. Doka ma tana nan: Dokar Lafiyar Ƙwaƙwalwa ta Ƙasa da aka sa wa hannu a Janairun 2023, wadda ta maye gurbin tsohuwar dokar 1958, da Dokar Kare Bayanai ta Yunin 2023, wadda ta sa bayanan lafiya cikin masu buƙatar kulawa ta musamman, ta kafa hukumar kare bayanai ta NDPC, ta kuma tanadi tarar da ke kaiwa naira miliyan 10 ko kashi 2 cikin 100 na cinikin shekara ga manyan masu sarrafa bayanai.

Babban cikas shi ne harshe. Injinan sauraro suna jin Hausa da rauni idan aka kwatanta da Turanci, ballantana a ɗakin da majinyaci ke magana da Hausar Sakkwato, likita yana sako Turanci a tsakiyar jimla, ga ɗan rakiya yana amsawa a madadin mara lafiya. Kuma idan mutum ya ce zuciyarsa ta ɓaci, ko kansa ya ɗau zafi, ko ana taɓa shi, likitan da ya san mutanensa ne zai fahimci abin da ake nufi. A nan hanyar magana bayan zama ita ce mai yiwuwa a yanzu: likita ya faɗi bayaninsa da Turanci kamar yadda ya saba rubutawa a fayil, manhaja ta tsara shi a gurabun da asibitin ke amfani da su, ta iya riƙe aikin a waya a kulle idan babu intanet, ta tura idan sabis ya dawo. Ka fara da sashe ɗaya na asibiti ɗaya, da izinin kwamitin ɗa'a na wurin a rubuce, kuma ka amince da su tun farko a kan wanda zai riƙe makullin rumbun.